Fina-finan Kaboyi Kafin Su Iya Magana

A watan Yulin 1893 birnin Shikago ya cika ya batse da baƙi, saboda babban bikin baje koli da Amurka ta shirya don tuna shekara 400 da zuwan Columbus nahiyar. Masana tarihi suka yi amfani da wannan dama suka kira nasu taron a cikin garin. A nan ne wani matashin malamin jami'a, Frederick Jackson Turner, ya miƙe ya karanta takardar da daga baya ta zama kamar karatun farilla a makarantun ƙasar. Maganarsa ita ce, halin Ba'amurke na dogaro da kai da ƙin a taka shi, har da salon dimokuraɗiyyarsa, a bakin daji aka ƙera su. Bakin daji a nan shi ne layin nan da ya raba inda Turawa suka kafa gari da inda ba su kai ba tukuna, layin da ya yi ta matsawa yamma tsara bayan tsara. Sai ya jawo hankalin masu sauraro ga rahoton ƙidayar 1890, wanda ya ce yanzu babu sauran irin wannan layi da za a iya zanawa a taswira. Dajin ya ƙare.

A daidai wannan lokaci, dab da shingen filin bikin, Buffalo Bill Cody ya kafa nasa dandalin. Kullum dubban mutane na biyan kuɗi su ga sukuwa da gwanintar harbi, su ga 'yan ƙabilar Lakota na gaske, 'yan asalin ƙasar, sun far wa keken dokin fasinja, sannan Cody ya ɓullo da mahayansa ya ceci matafiya. Tun 1883 yake wannan sana'a, har shugaban Lakota, Sitting Bull, ya taɓa bin tawagarsa na 'yan watanni a 1885.

Mutum biyu, gari ɗaya, labari biyu. A labarin Turner ƙasar kusan fanko ce, ƙasa ce ta kyauta mai jiran gatari da garma, jaruminsa manomi ne. A labarin Cody ƙasar cike take da mutane, amma an kifar da al'amarin: wanda ya zo cin ƙasa shi ake kai wa hari, mai ƙasar kuma shi ne maharin. Fina-finan kaboyi na zamanin da fim bai iya magana ba, daga 1903 zuwa wajen 1929, tsakanin waɗannan labarai biyu suka yi ta safa da marwa. Abin da ya fi jan hankalina game da su shi ne, a wancan lokacin ba a riga an yanke wanne za a riƙe ba. Ana ta ja-in-ja a kan labarin, kuma da yawa daga waɗanda abin ya faru a kan idonsu suna raye, wasu ma su ne a gaban kyamara.

Kyamarar ba ta ɓata lokaci ba. A 1894 mutanen Thomas Edison suka gayyaci 'yan wasan Cody zuwa ƙaramin ɗakin ɗaukar hotonsu a West Orange, jihar New Jersey, suka ɗauki Annie Oakley tana harbi, suka ɗauki 'yan Lakota suna rawa. Ko minti ɗaya kowanne bai kai ba. Ke nan hoton farko da fim ya samu na yammacin Amurka hoton wasan kwaikwayo ne, an ɗauke shi a gabashin ƙasar, ɗaruruwan mil daga inda abin ya faru.

Haka ma The Great Train Robbery na 1903, wanda Edwin S. Porter ya shirya wa kamfanin Edison, kuma ake yawan kira uban fina-finan kaboyi. A New Jersey aka yi shi. Tsawonsa kimanin minti 12 ne. 'Yan fashi sun ɗaure mai buga waya a tashar jirgin ƙasa, sun laɓe sun hau jirgi lokacin da ya tsaya shan ruwa, sun kashe mai gadin akwatin kuɗi, sun fasa akwatin da nakiya, sun jera fasinjoji a gefen layin dogo suna kwashe musu aljihu. Wani ya yi ƙoƙarin arcewa aka bindige shi ta baya. Can a tasha, 'yar mai buga waya ta zo ta tarar da ubanta a ɗaure, ta yayyafa masa ruwa ya farfaɗo, ya ruga gidan rawa ya tara mutane, aka bi sawu. Sai kuma hoton nan da ya fi komai shahara: wani mai gashin baki ya cika fuskar allo, ya ɗaga bindiga ya auna mai kallo ya yi ta harbi. Kamfanin ya bar wa masu gidajen kallo zaɓi, su sa wannan hoton a farko ko a ƙarshe.

Masu kallon 1903 ba tarihi suke kallo ba, labaran jarida suke gani. Shekara uku kacal kafin nan, a 1900, ƙungiyar Butch Cassidy ta tare jirgin kamfanin Union Pacific a jihar Wyoming ta fasa akwatinsa. Fashin jirgi abu ne na jiya-jiya.

Me ya sa irin wannan labari ya dace da fim marar murya haka? Dalili na farko a fili yake: doki yana gudu, wani yana bin wani, ƙura ta tashi, ba a bukatar tafinta. Ƙananan gidajen kallo da suka bazu daga 1905, inda ake shiga da santi biyar, cike suke da leburori baƙi daga Italiya da Rasha da Polan, da yawansu ba su iya Turanci ba. Irin wannan mai kallo ba ya bukatar karanta allon rubutun da ake sakawa tsakanin hotuna kafin ya gane wane ne jarumi, wane ne bos. Na biyu, fili kyauta ne. Ba sai an gina fada ko an ɗinka kayan sarauta ba, dutse da rana da sarari suna nan. Na uku, kayan ya sayu a waje. Faransawa har nasu suka riƙa yi a yankin Camargue da ke kudancin ƙasarsu, kamfanin Pathé kuma da aka yi ta yi wa kaboyinsa dariya, sai ya buɗe reshe a Amurka a 1910. Wannan saurin fahimta ne ya sa jikokin waɗannan fina-finai suka iso har silimunmu, suka bar mana kalmar kaboyi, da sunan nan marar daɗi da masu kallo suka laƙaba wa 'yan asalin ƙasar, wai Indiyawan daji.

Kuma kada a ɗauka shiru ake yi a ɗakin kallo. Akwai mai kaɗa fiyano a gaban allo, a manyan gidaje ma ƙungiyar makaɗa ce sukutum. Littattafan kiɗan da ake sayar wa waɗannan makaɗa suna da shafi na musamman na "kiɗan Indiyawa", bugu mai nauyi irin na gangar yaƙi. Kafin mutumin ya ɗaga hannu ya yi komai, kiɗa ya riga ya gaya wa mai kallo ya ji tsoronsa.

Tauraron farko na wannan fage, Broncho Billy Anderson, sunansa na yanka Max Aronson, ɗan gidan Yahudawa ne daga jihar Arkansas, bai taɓa kiwon saniya ba. Ya fito a fim ɗin Porter a matsayi fiye da ɗaya, ciki har da fasinjan da aka harbe. A 1907 ya haɗa gwiwa da George Spoor suka kafa kamfanin Essanay, daga baya ya koma Niles a Kalifoniya yana fitar da gajerun fina-finai kusan kowane mako. Shi ya fara kafa siffar da za ta daɗe: ɗan fashi mai sauran imani, wanda yaro marar lafiya ko wata baiwar Allah ke sa ya tuba.

Amma a gefen irin su Anderson akwai ganau, kuma nan ne zamanin ya bambanta da duk abin da ya biyo baya. A 1908 tsohon ɗan sandan bakin daji, Bill Tilghman, ya shirya The Bank Robbery a garin Cache na Oklahoma, a banki na gaske. Ɗan fashin fim ɗin, Al Jennings, ya taɓa zaman kurkuku saboda fashin jirgin ƙasa. A cikin masu bin sawu har da Quanah Parker, shugaban ƙabilar Comanche da ya yaƙi sojan Amurka a shekarun 1870. Jennings ɗin nan, don a san irin zamanin, ya nemi takarar gwamnan Oklahoma a 1914, shekarar da aka fitar da fim ɗin tarihin rayuwarsa da shi kansa a ciki.

Labarin Henry Starr ya fi wannan. A 1915 ya jagoranci fashin bankuna biyu a lokaci guda a garin Stroud, wani saurayi ya harbe shi aka kama shi. Da ya fito daga gidan yari a 1919 sai ya koma Stroud ɗin ya sake yin fashin a gaban kyamara, a fim mai suna A Debtor to the Law, wai don ya zama darasi ga matasa. Hali zanen dutse. A watan Fabrairun 1921 ya shiga wani banki a Harrison, jihar Arkansas, aka harbe shi, ya mutu bayan 'yan kwanaki. Wannan karon a mota ya je, ba a kan doki ba.

Shi kuma Cody, da tsufa da bashi suka taso shi, a 1913 ya ɗauki kyamara zuwa Pine Ridge a Dakota ta Kudu don ya sake shirya yaƙe-yaƙen da aka yi da 'yan asalin ƙasar, har da abin da ya faru a Wounded Knee. A ranar 29 ga Disamban 1890 sojoji suka kashe 'yan Lakota tsakanin 150 zuwa 300 a wurin, da yawansu mata da yara. Shekara 23 bayan haka aka tara mutanen yankin, cikinsu akwai waɗanda suka rasa dangi a ranar, aka ce su sake faɗuwa a kan wannan ƙasa don a ɗauka. Fim ɗin ya nuna abin a matsayin gumurzu tsakanin runduna biyu. 'Yan gutsattsari kawai suka rage daga cikinsa yau.

Duk da haka, wanda ya zaci fina-finan farko duk na "sun kawo hari, soja ya zo ya ceci kowa" ne, zai sha mamaki. Tsakanin 1908 da 1913 an yi ɗimbin fina-finai da 'yan asalin ƙasar ne jarumai, Bature kuma shi ne mai cin amana. Thomas Ince, da ya kafa sansaninsa a tsaunukan kusa da Santa Monica, ya ɗauko tawagar wasan gandun 101 daga Oklahoma da dawakinta da shanunta, ya kuma kawo iyalan Oglala Lakota suka kafa bukkokinsu a wurin. A fim ɗinsa The Invaders na 1912, abin da aka fara nunawa shi ne yarjejeniyar da gwamnati ta sa wa hannu cewa ba za a taɓa ƙasar Sioux ba, wato al'ummar da Lakota ke cikinta. Sai ga masu awon layin dogo sun shigo da na'urorinsu. Shugaban ƙabilar, wanda William Eagle Shirt ya fito a matsayinsa, ya je sansanin soja da takardar a hannu ya kai ƙara, ba a yi komai ba. Mai kallo da kansa zai gane su wa sunan fim ɗin yake nufi da "masu kutse". Amma a ƙarshe sojan ne ke cin nasara, 'yar shugaban kuma, wadda Baturiya ce ta fito a matsayinta, ta mutu wajen ceton sansanin.

Wannan shi ne iyakar tausayin. Ana yarda an zalunce su, ana ma zubar musu da hawaye, amma da sharaɗin cewa masu wucewa ne, ƙarewarsu ƙaddara ce. Ihu bayan hari ke nan. Dubi yadda aka juya labari ɗaya sau biyu. A The Squaw Man na 1914, wanda Cecil B. DeMille da Oscar Apfel suka ɗauka daga wani ɗakin ajiyar dawaki da suka yi haya a Holiwud, wani Bature ɗan sarautar Ingila ya auri 'yar ƙabila, suka haihu, gado ya kira ɗan zuwa Ingila, uwar ta kashe kanta, hanya ta buɗe. Wadda ta fito a matsayin uwar ita ce Lillian St. Cyr, da aka fi sani da Red Wing, 'yar ƙabilar Ho-Chunk. Shekara huɗu kafin nan mijinta, James Young Deer, ya shirya wa Pathé ɗan gajeren fim mai suna White Fawn's Devotion a kan kusan wannan labari: miji ya samu wasiƙar gado, matar ta zaci zai gudu ya bar ta, ta daɓa wa kanta wuƙa, danginta suka kama mijin za su kashe. Sai ga ta ta bayyana da ranta, ta cece shi. A hannun Young Deer matar ba ta mutu don ta ba kowa wuri ba. Bambancin ƙarami ne a ido, amma duk rigimar a nan take.

Sai William S. Hart, wanda a ganina shi ne zuciyar wannan zamani. An haife shi a 1864, ya yi wani ɓangare na ƙuruciyarsa a yankunan da ke bakin dajin, ya shafe shekaru yana wasan daɓe, har da wasannin Shakespeare. Ya shiga fim a 1914 yana dab da shekara hamsin, saboda haushin yadda ake nuna yammacin da ya sani. Garuruwan fina-finansa ƙura ce da katakai, tufafinsa sun sha jiki, doguwar fuskarsa kamar an sassaƙa ta da gizago. Ba ya yawan motsi. Fim marar murya ya fi son irin wannan fuska, wadda ƙiftawar ido ɗaya ke isar da abin da shafi guda na magana zai faɗa.

Hell's Hinges na 1916 ya isa misali. An turo wani matashin fasto mai raunin zuciya zuwa wani garin bakin daji, tare da 'yar'uwarsa Faith. Mai mashayar garin, Silk Miller, ya san coci zai kashe masa kasuwa, sai ya ɗauki hayar ɗan bindiga Blaze Tracy, wato Hart, ya kore su. Blaze ya je tarbar keken fasinja da niyyar wulaƙanci, ya haɗa ido da Faith, ya cire hularsa. Akwai wurin da aka nuna shi zaune shi kaɗai da dare yana laluben Baibul, kwalbar giya a gefe, taba na hayaƙi. Shi yana hawa, fasto yana gangarowa: Silk ya tura masa wata 'yar rawa ta shayar da shi, gari ya waye aka same shi a ɗakinta. Mai dokar barci ya ɓige da gyangyaɗi. Daga nan 'yan mashaya suka ɗora shi a gaba, da hannunsa aka cinna wa cocin wuta, aka kashe shi a hargitsin. Blaze ya dawo ya tarar, ya shiga mashayar da bindiga biyu, ya harbo fitilun da ke rataye, wuta ta kama, ta cinye garin ƙurmus. Ya ɗauki gawar fasto, shi da Faith suka nufi bayan duwatsu.

Lura da abin da fim ɗin ya ce game da bakin daji. Babu hukuma, babu alƙali, cocin ma ya kasa. Gari bai gyaru ba, ƙona shi aka yi. Wanda ya kawo adalci kuwa mai kisa ne da tubarsa ba ta raba shi da bindiga ba, sai dai ta canza masa inda zai auna. Wannan ba dajin Turner ba ne mai haifar da 'yan ƙasa nagari, wuri ne na hisabi. Ba zan wanke Hart ba: allon rubutun fim ɗin ya kira makircin Silk irin na mutumin Meksiko, irin wannan ƙyamar kuma ta sha fitowa a ayyukansa. Abin dariyar shi ne, sana'ar kaboyi kanta, da igiyar zarge da sirdin da yawancin kalmominta, daga makiyayan Meksiko aka gaje su.

Tom Mix ya zo da akasin duk wannan, kuma shi kasuwa ta bi. Tsohon ɗan wasan gandun 101 ne, ya koma kamfanin Fox a 1917. Farar hula ƙatuwa, riga mai ado, dokinsa Tony da ya kusa kai shi suna, tsalle daga doki zuwa jirgi, ba giya, ba dogon tunani. Yara suka so shi. Kaboyin da duniya ta haddace daga baya, mai tsabta wanda ba ya kuskure, ɗan Mix ne, ba ɗan Hart ba.

A 1923 al'amarin ya sauya girma. The Covered Wagon na James Cruze ya bi ayarin amalanke masu rumfa da suka tashi a 1848 zuwa Oregon: ƙetare kogi da shanu, farautar ɓauna, gobarar daji, binne mamaci a hanya da haihuwa a hanya. An ɗauke shi a filayen Nevada da Utah, ya yi fiye da shekara guda ana nuna shi a gidan kallo ɗaya a New York. Labarin soyayyar da ke ciki ba shi da wani armashi. Jarumin gaskiya shi ne ayarin, alamarsa kuma garma. Fim ɗin da kansa ya sa 'yan asalin ƙasar suna kallon garmar a matsayin makamin da zai binne ɓauna ya share daji, kuma ba su yi ƙarya ba: ɓaunar da ta kai miliyoyi ta koma 'yan ɗaruruwa kafin ƙarshen shekarun 1880. Sai dai an faɗi wannan gaskiya ne don a nuna girman garmar.

Fox ya mayar da martani a 1924 da The Iron Horse na John Ford, labarin shimfiɗa layin dogon da ya haɗa gabas da yamma a Promontory, jihar Utah, ranar 10 ga Mayun 1869. Ford ya cika fim ɗin da leburori 'yan Ailan da Italiyawa da Sinawa, suna faɗa suna shiri, suna ajiye diga su ɗauki bindiga idan an kawo hari, su koma aiki. Ƙasa ɗaya ake ginawa da ƙarfe, shugaban ƙasa Lincoln na sa albarka. A shekarar da aka fitar da wannan fim ne majalisar Amurka ta kafa dokar da ta rage shigowar Italiyawa ƙwarai, ta kuma rufe ƙofa ga mutanen Asiya, alhali Sinawa tun 1882 aka hana leburorinsu shiga. Kuma a wannan shekara ta 1924 ne aka ba dukkan 'yan asalin ƙasar takardar zama 'yan ƙasa a ƙasar kakanninsu. Dubi kuma bos ɗin fim ɗin: Bature ne mai yatsu biyu a hannu ɗaya, mai filaye, yana shiga kayan 'yan ƙabilar Cheyenne yana tunzura su don layin ya bi ta gonarsa. Da wannan dabara an cire wa Cheyenne dalilinsu na yaƙi. A The Invaders suna da takarda da ƙorafi. Bayan shekara 12 sun zama kamar guguwa ko ambaliya, wata wahalar hanya da injiniya zai shawo kanta.

The Vanishing American na 1925 ya yi ƙoƙarin komawa ga tausayi. An ɗauki sassansa a Monument Valley, ya nuna jami'in gwamnati mai kwace dawaki da filayen ƙabilar Navajo, ya nuna samarinsu sun je Yaƙin Duniya na Farko sun dawo sun tarar an ci amanarsu. Amma sunan fim ɗin ya riga ya yanke hukunci, mai ɓacewa, jarumin kuma Richard Dix ne, Bature da aka shafa wa fenti.

Hart ya yi bankwana a wannan shekara da Tumbleweeds, kuma ya zaɓi 1893, shekarar Turner. Ranar 16 ga Satumban shekarar, da tsakar rana, aka buga bindiga, mutane wajen 100,000 suka ruga a kan dawaki da amalanke da kekuna don kafa turke a filin da ake kira Cherokee Strip, eka miliyan shida da aka matsa wa ƙabilar Cherokee ta sayar. Hart ya fito a matsayin makiyayin da aka umarta ya kwashe shanu daga filin don manoma su shigo. Yana kan doki yana kallon garkunan suna ficewa, ya cire hula ya ce wa abokansa ƙarshen yamma ke nan. Wanda ya san yadda gona ke cinye burtali ba ya bukatar a yi masa bayanin wannan kallo. Waya mai ƙaya, da aka yi wa rajista a 1874, da dokar 1862 mai ba kowane magidanci eka 160, su suka kashe kiwon sake, zamanin kora shanu zuwa tashar jirgi bai fi shekara ashirin ba gaba ɗaya. Abin lura shi ne wanda fim ɗin yake wa makoki. Makiyayi Bature ne ya zama wanda aka kora, Cherokee da aka taso daga gabas a 1838 aka kawo nan, sannan aka karɓe wannan ma, sai sunansu a jikin filin.

Akwai waɗanda suka gwada ba da nasu labarin da kuɗinsu. Baƙaƙen fata suna da yawa a cikin makiyayan Texas, amma allon manyan kamfanoni bai san da su ba. Bill Pickett, wanda ya ƙirƙiro salon kayar da sa ta hanyar kama ƙaho, ya fito a The Bull-Dogger da The Crimson Skull a farkon shekarun 1920, an ɗauke su a Oklahoma don masu kallo baƙaƙe. Oscar Micheaux, wanda shi kansa ya yi noma a filin gwamnati a Dakota ta Kudu, ya yi The Homesteader a 1919. Matan bakin daji kuwa sai a 1928 suka samu fim da ya ɗauki wahalarsu da gaske, The Wind, inda Lillian Gish ta fito a matsayin baƙuwar da iska da yashi da kaɗaici da wani namiji mai cin zali suka kusa haukatawa. Da farfelar jiragen sama aka riƙa watsa mata yashi a hamadar Mojave.

Fim ɗin Micheaux ya ɓata. Na Pickett sai 'yan gutsattsari. Binciken da Laburaren Majalisar Amurka ya fitar a 2013 ya nuna cewa cikin dogayen fina-finai marasa murya kusan 11,000 da aka yi daga 1912 zuwa 1929, kashi 70 cikin 100 sun salwanta baki ɗaya. Faifan wancan zamani yana ruɓewa, yana kuma kamawa da wuta kamar fetur. Gobarar ma'ajiyar Fox a New Jersey a 1937 ta tafi da yawancin tsofaffin fina-finan kamfanin, har da na Mix masu yawa. Idan na babban kamfani ya ƙone, ina ga na mai ƙaramin jari? Saboda haka hukuncin da muke yi wa wannan zamani a kan ragowa muke yin sa, ragowar kuma ta fi karkata ga waɗanda suka yi kasuwa.

Murya ta shigo daga 1927, na'urar ɗaukar sauti ta farko kuma ba ta son iska da sukuwa, manyan kamfanoni suka ja baya da kaboyi na ɗan lokaci. Ford bai sake yin irinsa ba daga 1926 sai 1939. Ganau ma suna ta ƙarewa. Cody ya mutu a 1917. Wyatt Earp, tsohon ɗan sandan bakin daji da ya ƙare rayuwarsa a Los Angeles yana zagaya wuraren ɗaukar fim yana neman wanda zai gyara masa suna, ya mutu a Janairun 1929, Hart da Mix na cikin masu ɗaukar akwatin gawarsa.

Wani lokaci abin da aka fid da rai da shi yakan dawo. A 1920 an ɗauki The Daughter of Dawn a duwatsun Wichita na Oklahoma da 'yan Kiowa da Comanche wajen 300, babu Bature ko ɗaya a gaban kyamara, ko da yake darakta Norbert Myles Bature ne, labarin soyayyar kuma irin na Holiwud ne. Sun zo da bukkokinsu da tufafinsu da dawakinsu, suka yi rawa da farautar ɓauna, a lokacin da ƙa'idojin gwamnati tun na 1883 suka hana su raye-rayen addininsu. Manyan 'yan wasan sun haɗa da White Parker da Wanada Parker, 'ya'yan Quanah Parker. An nuna shi 'yan lokuta ya ɓace fiye da shekara tamanin, har ya ɓullo a hannun wani mai binciken sirri da aka biya shi ladan aiki da gwangwanayen faifan. Ƙungiyar Tarihi ta Oklahoma ta saye shi a 2007 ta gyara. Da aka haska shi ga 'yan Kiowa da Comanche, mutane suka riƙa nuna allo suna kiran sunayen kakanninsu.